Zuwa ga Faruku: Gem ɗin Kyauta da Kiran da Ban Amsa ba

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu.

Faruku ɗana,

Ina roƙon Allah Ya sa lokacin da za ka buɗe wagga takarda ka riga ka sauka Abuja lahiya, ka sha ruwa, ka rama sallar da hanya ta riƙe maka. Innarka na gaishe ka. Ƙannenka ma haka, har da Saratu da ta ce ba ta gaishe ka tunda ka ƙi bar mata tsohuwar wayarka. Allah Ya tsare ka gaba da baya, Ya haɗa ka da mutanen kirki, Ya sa aikin da ka je yi ya zama abin da za ka rufa wa kanka asiri da shi.

Na san za ka yi mamakin ganin rubutuna, tunda gida ɗaya muke kwana. Na gwada faɗa maka da baki. Ranar da kamfanin solar nan ya kira ka ya ce an ɗauke ka aiki, na ce ka same ni zaure, ka zo ka zamna, sai na ƙare da tambayarka ko ka duba batirin masallaci. Ka ce ka duba. Na ce to, tashi. Bakina bai saba da irin wagga magana ba, shi ya sa na ɗauki biro.

Hankalina ba a kwance yake ba. Hanya ma kaɗai ta isa ta hana uba barci, ka san yadda ake shiga mota daga Goronyo da addu'a a baki har sai an wuce Achida. Amma hanya ta yini ɗaya ce. Abin da ya fi damuna shi ne abin da ke jiranka bayan ka isa: ɗaki kai kaɗai, ba wanda zai ɗaga labule ya ce ka fito an yi kiran salla, ga wuta, ga na'urar gem ɗin nan taka da ake haɗawa da talabijin. Ba zan ce ka bar ta a gida ba. Da guminka ka saye ta, kuma ni ba ni da bakin da zan hana ka. Ka san rabin dalili. Sauran rabin ne zan gaya maka yanzu.

Bari in fara da laifin da na yi maka a gabanka.

Ka tuna shekarar da ka gama koyon aikin sola a Sakkwato, ka dawo ka haɗa muna farantin sola a kan rufi, sannan ka shigo da na'urar nan da ka saya hannun wani abokinka. Wata la'asar na dawo daga fadama a gajiye, injin ban-ruwan wani da nake gyara ya ƙi tashi tun safe, na iske ku cike da ɗaki kuna ihu kan ƙwallon da ba ƙwallo ba. Ban yi sallama ba. Na shiga na fizge waya daga bango, na ce ban haifi ɗa don ya zamna yana danna roba awa yaron goye ba. A gaban abokanka na faɗi haka, har da waɗanda ka girma. Ba ka ce mini komai ba. Washegari na'urar ta bar gidan.

Na ɗauka na yi nasara. Ashe shagon caji na bayan tasha ka kai ta, inda ban san da wa kake zama ba. Daga baya na ji cewa a can akwai masu sa kuɗi a kan wasa, akwai masu shan abin da ba a faɗi. Innarka ce ta fara ganewa. Wata rana tana tankaɗe ta ce mini, "Malam, ka kore shi daga inda kake ganinai, ka kai shi inda ba ka gani. Mi ka gyara?" Na yi mata tsawa, amma maganar ta zamna mini a ƙirji.

Abin da nake so ka ɗauka a nan shi ne, kada ka yanke wa abu hukunci ba ka san shi ba, kuma kada ka kunyata mutum gaban jama'arsa ko da kai ke da gaskiya. Za ka yi aiki ƙarƙashin mutane, wata rana kuma za a sa wasu ƙarƙashinka. In za ka yi faɗa, ja mutum gefe. In kuma kai aka yi wa a bainar jama'a, kada ka yi abin da ka yi mini, wato ka haɗiye ka ɓace. Ka bari ya huce, ka same shi, ka faɗi naka. Shirunka na watannin nan ya fi mini zafi a kan da ka mayar mini da magana.

Sai haɗarin nan ya zo. Ina ɗauke da injin ban-ruwa a bayan babur a kan hanyar kanal, yashi ya kwashe ni, ƙafa ta karye ƙasan gwiwa. Anka ɗauko maɗori daga Kagara ya ɗora, anka kwantar da ni ɗakinka saboda nan ne fanka take. Mutumin da ya saba tun asuba hannunsa na cikin baƙin mai, sai ga ni kwance ina ƙirga azarar rufi. Masu dubiya sunka zo sunka tahi. Bayan mako biyu kowa ya koma harkar gabansa, wanda kuwa haka duniya take.

Kai ne ka dawo da na'urar, ba tare da ka nemi izini ba. Ka haɗa ta kana yi kai kaɗai, ni kuma ina kallon bango wai ban damu ba. Wata rana ka ɗora mini abin riƙewar a hannu, wanda kuke kira fad, ka ce, "Baba, riƙe nan ka tuƙa muna motar ga, hannuna ya gaji."

Babbar mota ce ɗauke da kaya, a wata ƙasa mai duwatsu da ruwan sama. Hanya shimfiɗe, ba rami, ba shinge, ba wanda zai fito daga daji ya tare ka. Na buga ta da gada, ka yi dariya, ni ma na yi. Rabon da mu yi dariya tare tun kafin in fizge wayar nan. Kafin magariba na iya juya ta da baya.

Na tambaye ka nawa ka sayi wannan wasan.

Ka ce, "Ban saya ba, Baba, kyauta na. Kuɗin wata kawai aka biya, su kuma kowane sabon wata su ba da gem biyu ko uku. In ka amsa cikin watan, ya shiga naka."

Na ce, "Wace irin kyauta ce sai an biya?"

Ka ce in dai tuƙa, mota na jirana. Na tuƙa, na manta da tambayar. Da na riƙe ta da ban rubuta maka wagga takarda ba.

Ka san yadda abin ya ci gaba, ko kuma ka san abin da ka gani. Da safe ka tahi aiki ka bar mini fad a gefen katifa. Wata bayan wata, sababbi sunka riƙa zuwa: na jirgin ruwa, na gina gari, na wani mutum da ke yawo cikin daji da kwari da baka. Ni da a da sai na tsaya ƙofar masallaci da mutane muna duban yamma kafin in san wata ya kama, na koma sanin sabon wata da bakinka. Kana shigowa in ce, "Mi sunka kawo wanga karon?" Kana jin daɗin tambayar, na gani a fuskarka. Ni ma ina jin daɗin ganin kana jin daɗi.

Ga abin da ba ka gani ba. Ba wanda ya ce sai na gama na wancan watan kafin sabo ya zo, amma haka zuciyata ta ɗauka. Kamar baƙon da ake zuba wa tuwo bai gama na gabansa ba, ga kunyar bari, ga ciki ya cika. Ban kai ƙarshen jirgin ruwa ba an kawo na gina gari, ban gama gari ba an kawo wani. Sai na riƙa jin ana bina aiki. Ina kwance ban da abin yi, amma kullum a makare nake. Azahar ta fara zama kusa da la'asar. Innarka ta kawo abinci ya huce, ta ɗauke ta ɗumama, ya sake hucewa.

Ƙafa ta warke, Faruku. Maɗori da kansa ya kwance karan ya ce in fara takawa, in yi ta takawa. Na taka a gabansa, ya yi murna. Amma sandar da ka sassaƙo mini ban ajiye ta ba. Na ci gaba da dogara ta tsakar gida ina ɗingishin da ya fi ciwon yawa, don kada a ce in koma shago.

A cikin wannan hali Mamman ya kawo injinsa. Ka san Mamman, maƙwabcin gonarmu na fadama, mai 'ya'ya mata da yawa. Ya yi dashen albasa, injin ya fara hayaƙi yana mutuwa. Ya ɗauko shi har gida tunda ba na shago, ya ajiye a zaure ya ce, "Malam Yahaya, na san ba ka da lahiya, amma ba ni yarda da hannun kowa sai naka. Dashe na, ba ya jira." Na duba, zoben fiston ne, aikin da nake gamawa tsakanin hantsi da azahar. Na warware shi nan take don ya ga na fara, na ce ya dawo jibi.

Jibi ya zo, na ce kayan ba su samu ba. Ban ma aika a sayo ba. Ya sake dawowa, na sa Saratu ta ce ina barci, alhali yana iya jin ƙarar mota daga ɗakinka. Ya yi ta aron injin mutane, yau a ba shi gobe a hana, kowa na ta tasa gonar. Ranar da ya zo na ƙarshe bai yi faɗa ba. Ya shigo da buhu, ya durƙusa yana tsince ƙarafan injinsa ɗaya bayan ɗaya yana zubawa. Na fito da sanda ina ba shi haƙuri. Ya ce, "Ba komi. Allah Ya ƙara sauƙi." Ya ɗora buhun a kai ya nufi tashar Wurno neman wani mai gyaran. Da na je fadama daga baya, na ga fiye da rabin fangalinsa sun bushe sun yi fari. A shekarar ya ɗaga bikin ɗiyarsa ta biyu. Har yau muna gaisawa, yana zuwa mini barka da jaje, amma bai sake kawo mini ko fulogi ba.

Kai ma aikin hannu za ka yi. Mutum zai ba ka makullin gidansa, ya ce maganin mahaifiyarsa na cikin firij, wuta ta lalace. In ka ce gobe, to ya zama gobe. In ba za ka iya ba, gaya masa tun kayansa na haɗe, ya nemi wani. Mai sana'a ba ya mutuwa ranar da ya ɓata aiki, a hankali ake daina sallama a ƙofarsa, shi kuma yana cewa kasuwa ce ta lalace. Kuma ka kula da ranar da za ka fara yi wa mutum ƙarya don ka koma ga fad. Ni ban kula da tawa ba.

Yanzu zan zo ga abin da ya sa na kasa magana a zaure.

Baffanka Sidi na Rimawa ba wana ba ne kawai. Da mahaifinmu ya rasu ina ƙarami, shi ya riƙe ni. Shi ya sayar da ragunan da yake kiwo ya kai ni Sakkwato koyon gyaran inji, ya ce ɗayanmu dai ya samu abin da fari ba ya cinyewa. Duk abin da kunka ci a gidan nan, da hannunsa a ciki.

Ka san ya daɗe yana fama da ciwon ciki, yau sauƙi gobe kwanciya, har munka saba. Wata safiya ya kira ni. Muryarsa ba ta yi rauni sosai ba, ko kuma haka na so in ji. Munka gaisa, ya tambayi ƙafa. Sannan ya ce, "Yahaya, ka zo in gan ka. Akwai maganar da nike son mu yi, ba ta waya ba ce."

Na ce, "Yaya, ƙafar ga har yanzu ba ta son babur. Ga hanya kuma, ka ji abin da anka ce ya faru shekaranjiya. Bari abin ya lafa, ƙarshen mako ina nan tahe."

Ya ce, "To. Allah Ya kai mu."

Hanya ba ta da kyau a lokacin, wannan gaskiya ne. Amma a ranar mutane sun je Rimawa sun dawo, har da mata masu kai nono. Ƙafa kuma ka ji labarinta. Gaskiyar ita ce a daren jiyan ranar ka sauke sababbin gem na watan, akwai na tseren motoci cikin hamada da na fara da safe, fad na kan cinyata lokacin da nake magana da shi. Na dakatar da wasan ne kawai na amsa wayar. Da ya kashe, na ci gaba daga inda na tsaya.

Kafin ƙarshen makon ya sake kira sau ɗaya, wajen hantsi. Na ga sunansa a kan wayar tana haske gefen katifa. Ina kan gaba a tseren, saura kaɗan. Na ce bari in ƙarasa in kira shi. Na ƙarasa, na shiga na gaba. Da na tuna har an yi la'asar, na kira ba a ɗauka ba, na ce wataƙila barci yake.

Da asuba ɗansa ya kira ya ce Allah Ya yi masa cikawa.

Kai ka ɗauke ni a babur, ka tuna. Kana ta tafiya a hankali kana kauce wa ramuka saboda ƙafata, kana cewa in riƙe ka da kyau. Da munka isa an riga an yi masa wanka. Bayan an dawo daga maƙabarta na shiga gaishe da matarsa Kulu. Ta ce mini, "Jiya ya ce a shimfiɗa mai tabarma bakin zaure, wai ko za ka biyo motar hantsi. Da ya ga ba ka zo ba ya ce kada a matsa maka, ƙafa ba wasa ba ce." Na tambaye ta ko ya faɗi maganar da yake so mu yi. Ta ce ta tambaye shi, ya ce tsakaninsa da ƙanensa ne.

Ban san ko mene ne ba, kuma ba zan taɓa sani ba. Ko gona ce, ko amanar 'ya'yansa, ko wani abu tsakaninmu da yake son a yafe. Wani lokaci ina tsaka da aiki sai in ajiye sifana ina lissafa abin da zai iya zama. Ya tahi yana ba ni uzuri a kan ƙaryar da na yi masa.

Innarka kaɗai ta sani, don tana tsakar gida lokacin da wayar ke ƙara. Ba ta taɓa faɗa wa kowa ba. Bayan addu'ar bakwai da munka dawo gida, ta ɗauki sandar nan daga bakin ƙofa ta sa a murhu ƙarƙashin tukunyar tuwo, tana kallona. Abin da ta ce kawai shi ne, "Gobe shago." Na je.

Shawarar da ke nan ba ta buƙatar dogon bayani. Abin da ke cikin talabijin yana jira. In ka dakatar da shi shekara, za ka iske motar a inda ka bar ta. Mutum ne ba ya jira.

Bayan rasuwar na ce ka daina biyan kuɗin watan, ka ce to, ka ɗauka don makoki ne. Da watan ya ƙare, wata rana ba ka nan, na shiga ɗakinka na kunna. Ba zan ɓoye maka ba, hannuna ne ya kai ni. Sai na ga kowane gem da ɗan hoton kwaɗo a jikinsa: babbar motar, jirgin ruwan, garin da na yi watanni ina ginawa har da kasuwa da asibiti. Na danna, ya ƙi buɗewa. Na zamna bakin katifa ina kallon jerin kwaɗunan nan. A kan waɗannan na bar albasar Mamman ta bushe, a kansu na bar wana yana jira bakin zaure, ga shi ko ɗaya ba nawa ba ne. Aro ne anka ba ni muddin ana biya.

Ban ce sun cuce ka ba. Na tabbata sun rubuta haka a wani wuri, kuma kai ka sani tun farko. 'Yan kasuwa ne, sun san in sunka ba ka sabo kowane wata ba za ka so ka fita ba, kuma duk watan da ya wuce abin da za ka rasa in ka fita yana ƙaruwa. Ni dai ina so in an ce maka kyauta, ko a gem ko a wani abu can birni, ka tsaya ka tambayi mi ake so ka riƙa dawowa yi. Ba dole ne ka buga duk abin da anka ba ka ba. Wata zai zo da wasa uku, ka duba, in babu wanda ya yi maka ka bar su. Watan da aiki ya yi yawa ka dakatar da biyan, ka ga ko za ka mutu. In ka ji ba ka iya dakatarwa, to ka san an kai inda na kai.

Akwai kuskure ɗaya da ya rage, shi ma kai na yi wa. Da na daina, ban gaya maka dalili ba. Ka sha shigowa da fad biyu bayan isha ka ce, "Baba, ƙwallo ɗaya dai," in ce na gaji. A hankali ka daina tambaya. Na ga ka ɗauka na koma ra'ayina na da, cewa abin naka shirme ne. Ba haka ba ne. Tsoron kaina nake ji. Kuma gaskiya ita ce, a duk shekarun da na yi ina ubanka, ban san ka ba kamar yadda na san ka a watannin da muke zaune kafaɗa da kafaɗa muna kallon talabijin ɗaya. A nan ka gaya mini kana son zuwa birni. A nan na ji yadda mai gidanka na Sakkwato ya riƙa zaginka ba ka taɓa faɗa ba. Da ban karye ba da ban ji ko ɗaya ba. Da na rufe ƙofar gem sai na haɗa da kai na rufe, wannan kuma wauta ce.

Don haka ba na cewa wasan haramun ne, ban kai malamin da zai faɗi haka ba. Abin da na lura shi ne, duk ɓarnar da na yi, ni kaɗai nake a ɗaki lokacin da na yi ta. Wanda munka yi tare bai taɓa hana mu salla ba, don ɗayanmu zai ce a tashi. In ka samu wuri, ka nemi abokin zama ko maƙwabci mai hankali, ka miƙa masa fad na biyu. Ka bar ƙofarka a buɗe. Ka san limamin unguwarku, shi ma ya san fuskarka, yadda in an kwana biyu ba a gan ka sahu ba wani zai ƙwanƙwasa.

Su kuma waɗanda kake magana da su ta abin kunnen nan, waɗanda ba ka taɓa gani ba, ina jin tsoronsu. Na taɓa jin ka gaya wa wani cewa kai ɗan Goronyo ne kusa da dam. Wataƙila yaron kirki ne irinka. Amma ka san ƙasar da muke ciki da abin da ake yi da labarin mutum. Kada ka faɗi unguwarka, ko inda kake aiki, ko ranar da za ka taho gida. Ranar tahowarka ko a waya ni da innarka kaɗai za ka gaya wa.

Innarka ba ta san na rubuta duk wannan ba. Ta ga ina rubutu ta ce in gaya maka yajin da ta daka yana cikin gwangwanin madara, kada ka buɗe shi cikin mota. Ta ce kuma ka riƙa cin abinci mai zafi ko sau ɗaya a yini. Ka riƙa kiranta, ba sai da dalili ba. Ba za ta ce tana kewarka ba, za ta tambaye ka ko ana ruwa a can.

Ban san yadda za ka kalle ni ba bayan ka karanta. Na yi tunanin in bari sai ka ƙara girma, sai na tuna ban da tabbacin lokaci. In ka ji haushina, ka ji, hakkinka ne, baffanka ne kai ma. In ka yafe mini abin da na yi maka gaban abokanka, ka faɗa mini da baki wata rana, ina son in ji.

Allah Ya kiyaye ka daga sharrin hanya da sharrin dare, da sharrin abokin banza, da sharrin zaman kaɗaici. Allah Ya sa albarka a hannunka, Ya sa mutane su yi murna da ganinka a ƙofarsu. Allah Ya jiƙan Sidi, Ya yafe mini. Ya dawo muna da kai lahiya, Ya sa muna raye.

Abu ɗaya nake roƙo, ba umarni ba ne. Ni ba mai yawan kira ba ne, ka sani. In ka ga sunana a wayarka, ko kana tsakiyar wasa, ko kai ke kan gaba, ka ɗauka.

Wassalamu alaikum.

Mahaifinka,
Yahaya
Goronyo